Yadda Ake Zana Rigar Gora Mai Tsukewa da Manhajar 3D Kafin a Kai Wurin Bugawa

Mai sana'ar zoɓo ko kunun aya ko man gyaɗa da ya kai matsayin yin odar gorunansa sababbi, abin da yakan shiga ransa daga nan shi ne ya bar manna takarda, ya koma irin ledar nan da ke lulluɓe gora tun daga gindi har wuya, wadda ake gani a jikin lemuka da yawut na kanti. Masu ɗab'i suna ce mata silif, mu kuwa rigar gora za mu kira ta. Ana buga ta a shimfiɗe, a naɗe ta a liƙe bakinta ta zama bututu, a yayyanka, a zura wa gora, sannan a ba ta zafi ta tsuke ta kama jiki.

Wahalar mai zane duk tana cikin wannan tsukewa. Ledar ba ta tsukewa daidai wa daida. Inda gora take da ƙiba kusan ba ta motsi, inda ta rame kuwa tana iya haɗiye rabin faɗinta. Da'irar da ka zana a kwamfuta sai ta fito doguwa siririya, saniyar da ke jikin tambarin nono ta koma kamar ta ƙarshen rani, lambar bakod da ake haskawa a kanti ta ƙi karantuwa. Amfanin manhajar 3D shi ne ka ga wannan lalacewa a allo, ka gyara ta tun kafin a sassaƙa silinda ko a yi farantin bugawa, domin kowane launi da nasa, kuma in an yi an gama, kuɗi sun tafi.

Gora ɗaya tak, da mai bugawa ɗaya

Idan mai kayan da ya kawo maka aikin har yanzu gorunan ruwa da na lemo da aka sha yake saye a wanke a zuba, gaya masa gaskiya: Alhaji, wannan riga ba taka ba ce tukuna. Ana yanka ta ne a kan gora guda, mai siffa guda, daga mazubi guda. Gorar da ta fi ta ƙiba da milimita uku ba za ta shiga ba, wadda ta fi ta rama kuma rubutu zai karkace a kanta. Takarda mai gam ta fi masa rufin asiri har ya tsayar da inda zai riƙa sayen gora.

Idan gorar ta tsaya, sai a nemi mai bugawa tun kafin a ja layi ko ɗaya, ko a Legas yake ko a Sin. Tambaye shi irin ledar da yake aiki da ita, da kaurinta, da iyakar tsukewarta a faɗi da kuma a tsaye. Uku ne suka fi yawa a kasuwa. PVC ita ce mai araha, tsukewarta a faɗi takan tsaya wajen kashi 50 zuwa 60 cikin 100. PETG tana wuce kashi 70, tana da haske, kuma ta fi sauran jure ajiya. OPS tana kwanciya da taushi a jikin gora, amma ba ta son zafin ajiya ko kaɗan, don haka ni ba na ba ɗan Maradi shawarar ya taɓa ta. Kauri yawanci mikron 40 zuwa 50 ne, mikron dubu kuwa shi ne milimita ɗaya. A tsaye kuwa ledar kaɗan take tsukewa, ƴan kashi ƙalilan, kuma wannan bambanci tsakanin faɗi da tsayi shi ne ginshiƙin duk lissafin da za mu yi.

Ka kuma tambaye shi milimita nawa yake so a bari na haɗin baya, wane gefe ne zai hau kan wane, da ko yana da takardar ma'auni ta kansa da yake ba masu zane. Idan yana da ita, tasa ce ke aiki, ba tawa ba.

Awo

Nan ne ya kamata ka ɓata lokaci. Manhaja ba ta san gorarka ba, abin da ka gaya mata shi za ta maimaita maka, da kyau da ƙyalli, ko da ƙarya ne.

Ɗauki goruna biyar ko shida daga cikin buhu, ba ɗaya ba, domin gorar roba hura ta ake yi, kuma ba sa fitowa daidai da juna. Cika su da ruwa ka rufe, saboda gora cike takan ɗan buɗe fiye da wadda ba kowa a ciki. Kana bukatar ma'aunin nan mai baki biyu na makanikai, wanda ake kira piye-a-kulis a gareji. Idan ba ka da shi, aro ka yi wurin mai gyaran inji. Sai rula ta ƙarfe, da zare marar miƙewa, da siririyar takarda, da maka.

Tsayar da gorar a kan tebur mai laushin fuska, ka jingina rula a tsaye a gefenta, ka ɗiga alama da maka duk bayan milimita 10 daga gindi zuwa wuya. A kafaɗa da ƙugu, inda siffa take saurin canzawa, mayar da shi duk milimita 5. A kowace alama auna faɗin gorar daga gefe zuwa gefe ka rubuta a littafi: tsawo kaza, faɗi kaza. Kada ka matse bakin ma'aunin, roba ce, tana lotsawa ta ba ka lambar da ba ita ba. A wurin da ya fi ko'ina ƙiba kada ka dogara da ma'aunin kaɗai. Naɗa siririyar takardar ta zagaye, ka soka allura inda ta haɗu, ka warware ka auna tsakanin hujin biyu. Yi haka a duk gorunan, ka riƙe lambar da ta fi girma, domin dole rigar ta shiga mafi ƙibarsu.

Saura awon da mutane suka fi mantawa da shi. Tsawon riga ba tsawon gora a tsaye ba ne. Ledar bin jiki take yi, tana shiga ƙugu ta fito, ta kwanta a gangaren kafaɗa, kuma hanyar da ta yi lanƙwasa ta fi miƙaƙƙiya nisa. Ɗora zaren daga inda kake so rigar ta fara, ka bi da shi jikin gora yana manne har inda kake so ta tsaya, sannan ka miƙe shi a kan rula. Gorar da wurin rigarta yake milimita 170 a tsaye, zaren yana iya ba ka 178. Wanda ya yanka 170 zai ga rigar ta zame ta bar wuya tsirara. A ƙasa kuma ƙara milimita biyu ko uku da za su lanƙwashe ƙarƙashin gindi su riƙe ta kada ta haura.

Ɗan lissafin da ba makawa

Mu ɗauki gorar misali ta rabin lita. Faɗinta mafi girma milimita 65, ƙugu 55, tsakiyar kafaɗa 45, wuya inda rigar za ta ƙare 30.

Kewaye shi ne faɗi sau 3.1416. Na ciki ya zama 204.2. Rigar ba za ta zama daidai da wannan ba, sai an ba ta ɗan sarari da za a zura ta ba tare da kokawa ba. A ce an ƙara wajen milimita 4, kewayen bututun ya zama 208. Idan aka kwantar da bututun a tebur, faɗinsa rabin haka ne, wato 104, kuma wannan ita ce lambar da mai bugawa zai fara tambayarka. Faɗin zanen a buɗe kuwa 208 ne da ƙarin abin haɗi. Idan ya ce 6, ya zama 214.

Yanzu duba wuya. Kewayensa 94.2. Ledar da ta taso da 208 za ta sauko zuwa 94.2, ta tsuke da kusan kashi 55 cikin 100 ke nan. Ka ga PVC tana bakin iyakarta a nan, kuma ledar da ta kai iyaka ba ta kama wuya, sai bakinta ya tsaya a buɗe yana yamutse. Ko dai a koma PETG, ko a tsayar da rigar a kafaɗa. Wannan hukunci da biro da takarda ake yanke shi, ba a jira kwamfuta.

Ƙara layi na uku a littafinka. A kowane tsawo, raba 208 da kewayen wurin. A ƙugu 208 raba 172.8 ya ba da 1.20. A tsakiyar kafaɗa 208 raba 141.4 ya ba da 1.47. Waɗannan lambobi su ne yawan miƙewar da za ka yi wa zane a wurin, don idan ya tsuke ya dawo siffarsa ta gaskiya.

Gina gorar a kwamfuta

Manhajojin da aka ƙera musamman don wannan aiki suna nan. Kamfanin Esko na Beljiyam yana da Studio Toolkit mai sashen rigar gora: a shigar da siffar gorar, a ba shi girman riga da halin ledar, ya kwaikwayi tsukewar, sannan a buɗe sakamakon cikin Adobe Illustrator, mai zane yana aiki a shimfiɗe yana ganin gorar a gefe, ya zaɓi tambari ya ce a miƙe masa shi. iC3D ma yana yin irin wannan. Na kuɗi ne, kuma ga mai zanen da aikin riga yake zuwa masa jefi-jefi, ba su mayar da kuɗinsu. Manyan masu bugawa suna da su, kana iya roƙo su bi ta kan fayil ɗinka da nasu a ƙarshe. Mu da Blender za mu yi, wadda kyauta ce, kuma da zarar ka sauke ta ba ta neman intanet. Bar ta da Ingilishi ko da kwamfutarka da Faransanci take, domin sunayen da zan ambata su dace da abin da kake gani.

Fara da ma'auni. A Scene Properties, ƙarƙashin Units, zaɓi Metric, ka sa Unit Scale 0.001, Length kuma Millimeters. Danna 1 a madannin lambobi na dama don ka fuskanci gaba sosai. Idan kamfanin da ya yi gorar zai ba ka fayil ɗinta na OBJ ko STL, ka huta, shigar da shi kawai, amma ka gwada shi da awonka kafin ka yarda da shi. In babu, littafinka ya isa.

Ƙirƙiri ɗigo ɗaya a Edit Mode, ka buɗe allon gefe da N, ka rubuta masa wurinsa: X rabin faɗi, Y sifiri, Z tsawo. Danna E ka fitar da ɗigo na gaba, ka rubuta nasa. Haka za ka bi layin littafin ɗaya bayan ɗaya har ka sami rabin inuwar gorar daga tsakiyar gindi zuwa baki. Rabin faɗi fa, ba faɗin duka ba. Inda ka auna 65 sai ka rubuta 32.5. Sannan ka ɗora Screw daga jerin Modifiers, Axis Z, Angle 360, Steps 128. Nan take layin zai juya ya zama gora. Kunna Face Orientation ka tabbata fuskar waje ce take waje, in ta juye sai ka danna Flip. Yi Ctrl da S yanzu, kuma ka riƙa yi bayan kowane mataki, ka san halin wuta.

Gorar da ba zagayayya ba, mai kusurwa huɗu ko mai faɗin gaba da siririn gefe irin ta man shafawa, Screw ba zai yi ta ba. Sai an auna ta fuska biyu an gina ta zobe-zobe. Idan aikinka na farko ne, ka nemi zagayayya.

Sa mata riga

Hanya mai sauri ita ce ka ƙara Cylinder mai Vertices 128, Radius 33.1, wato 208 raba 6.283, Depth tsawon da zare ya ba ka, Cap Fill Type kuma Nothing. Da Ctrl da R ka yayyanka shi zobe ɗari ko fiye. Zaɓi layi ɗaya a tsaye ta baya, ka yi masa Mark Seam, nan ne haɗin gaske zai zauna. Yi Unwrap, ka ja shimfiɗar ta cika murabba'in UV, wato filin da hoton zane yake zama a kai, daga gefe zuwa gefe. Sai ka ɗora Shrinkwrap, Target gorar, Wrap Method Project, ka kunna Negative ba tare da ka zaɓi wani Axis ba, Offset 0.1. Bututun zai faɗa jikin gora.

Wannan ya isa a nuna wa mai kaya hoto, amma yana da ha'inci guda. Kowane ɗigo miƙewa yake yi ciki kai tsaye, ba ya zamewa ƙasa yadda ledar gaske take yi a kafaɗa. Don haka rubutun da ke saman zai bayyana a allo sama da inda zai sauka a zahiri.

Ga zagayayyar gora akwai hanyar da ta fi gaskiya, kuma ita nake bi. Kwafi layin inuwar gorar, ka goge abin da rigar ba za ta rufe ba. Ƙara masa ɗigo da Subdivide su yi yawa, sannan ka daidaita tazarar da ke tsakaninsu da Space na LoopTools, wani ƙarin kayan aiki na Blender da ake sawa daban, ta yadda kowane taki a jikin lanƙwasar zai zama tsawo ɗaya. Matsar da layin waje da milimita 0.1, ka juya shi da Screw, ka yi Apply. Yi Mark Seam ta baya, ka zaɓi duka, ka danna U ka yi Reset, sannan U kuma Follow Active Quads, Edge Length Mode Even. Rage shimfiɗar ta dace da murabba'in. Abin da ka samu shi ne leda mai tsukewa a faɗi kaɗai, tana bin jiki a tsaye, kusan yadda PETG take yi.

Kafin ka ɗora zane, ɗora gidan dara. Yi hoto mai faɗin 208 da tsawon rigar, gidaje milimita 10 kowanne, da lamba a kowane layi, ka haɗa shi da Image Texture. Juya gorar ka kalla. Inda gidajen suka tsaya murabba'i, wurin zama ne na abin da ba a so ya lalace. Inda suka koma dogaye sirara, nan ne wurin hattara.

Zanen kansa

Buɗe takarda a Illustrator ko Inkscape mai 214 a faɗi, ka ja layukan jagora a shimfiɗa ta daban: yankin haɗi da ba a sa masa tawada, domin ruwan liƙin ba ya kama leda mai tawada, layuka biyu inda bututun yake ninkewa, waɗanda tazararsu 104 ce, sai layukan tsawo daga littafinka, amma da awon zare, ba na rula a tsaye ba. Ninkin nan biyu wani lokaci sukan bar ɗan sawu bayan tsukewa, kada fuskar mutum ko sunan kaya ya hau kansu.

Sunan kaya da babban tambari su zauna a ciki mai ƙiba. Kafaɗa da wuya a bar wa launi zalla, ko ganyen yakuwa, ko ɗigon ruwa, ko zanen da ko ya matse ba mai cewa ya matse. Rubutun kayan haɗi da adireshi kada ya haura kafaɗa. Mai kaya zai so a cika ko'ina da magana, har da lambar waya uku a wuya. Nuna masa gidan darar a allo, yawanci shi da kansa yake janyewa.

Bakod a kwance sandunansa za su kasance, wato a juya shi ya tsaya a gefe, sandunan suna jere daga ƙasa zuwa sama. Dalili shi ne na'urar kanti kaurin sanduna da tazararsu take karantawa, kuma idan aka juya shi haka, kaurin yana bin tsayi inda ledar ba ta cika motsi ba. Bakod ɗin kayan kanti, wanda ake kira EAN-13, a cikakken girmansa milimita 37.29 ne da 25.93, kuma ba a rage shi ƙasa da kashi 80 cikin 100. Baƙi a kan fari, nesa da haɗi, nesa da ninki, kuma ba a miƙe shi da hannu.

Abin da dole ya zauna a ƙugu ko kafaɗa, shi ake miƙewa. Da'ira mai milimita 30 a ƙugun gorarmu za ta zama 36 a faɗi, tsawonta yana nan 30. A takarda za ka gan ta a baje, ranka ba zai so ba, ka daure. Inda abin ya fi wuya shi ne gangare, domin gindin tambarin da samansa ba miƙewa ɗaya suke so ba. A ce tambari mai faɗin 40 ya fara inda gora take 60 ya ƙare inda take 45. Ƙasansa sau 1.10 ne, wato 44. Samansa sau 1.47, kusan 59. A Illustrator zaɓi tambarin, Object, Envelope Distort, Make with Mesh, ka ba shi layuka huɗu ko biyar, ka ja kowane layi zuwa faɗin da littafinka ya ce, daga tsakiya zuwa gefe biyu daidai. A Inkscape Lattice Deformation na cikin Path Effects yana yin haka. Fitar da PNG ba tare da yankin haɗi ba, ka koma Blender ka yi Reload, ka duba daga gaba sosai. Za ka yi kai da kawo tsakanin manhajojin biyu har da'irar ta zama da'ira. Ajiye tambarin asali a gefe, kullum daga gare shi ake sake miƙewa, ba daga wanda aka riga aka ja ba.

Maganar fari. Ana buga rigar ne ta ciki, launuka da farko, farar tawada a ƙarshe, ledar kanta ta zama kariya daga gogewa. Duk inda ba ka sa fari a baya ba, abin da ke cikin gora zai leƙo. Ruwan ɗorawa a kan zoɓo ba tare da fari ba, laka yake komawa. Yi wa farin shimfiɗarsa daban da suna bayyananne. Idan kana son taga da za a ga kayan, ka goge fari da launi a wurin, amma ka yi tunani: man gyaɗa mai kyau taga tana sayar da shi, kunun aya kuwa kwanciya yake yi, tagar da ke kusa da gindi gari za ta nuna. A Blender zuba wa gorar launin abin sha na gaske ka gani. Ka kuma sani launi yana ƙara duhu inda ledar ta tsuke sosai, domin tawadar taruwa take yi. Blender ba zai nuna maka wannan ba.

Rubutun Hausa yana da nasa tarko. Ba kowane salon haruffa ne yake da ɓ da ɗ da ƙ da ƴ ba, kuma kwamfutar mai bugawa a Sin tana iya mayar da su akwatuna. Mayar da duk rubutu zane, da Create Outlines ko Object to Path, na Faransanci da na ajami ma haka. Ƙaramin rubutu kada ya gaza maki 6, fari a kan duhu kuma a ba shi kauri. Bar fili fari na ranar yi da ranar lalacewa, sai dai in a marfi za a buga su.

Gwaji da ruwan zafi

Kada ka sa hannu a kan komai sai ka yi wannan. Roƙi mai bugawa ya aiko maka da riguna marasa bugu, na ledar da za a yi aikin da ita, a girman da kuka tsayar, ko da ashirin ne. Ka zana musu gidan dara na milimita 10 da rula da maka marar gogewa, da lambobi irin na allo.

Cika gora da ruwa ka rufe, domin gorar PET, wato irin robar gorunan ruwa da lemo, da ba kowa ciki tana fara laushi tun zafi bai kai digiri 70 sosai ba. Zura rigar, haɗi a baya. Ɗora tukunya mai zurfi, ruwan ya yi zafi wajen digiri 85 zuwa 90, yana hayaƙi bai kai ga tafasa ba. Riƙe gorar ta marfi da safar hannu mai kauri, ka tsoma gindi tukuna na daƙiƙa biyu don ledar ta kama ƙasa, sannan ka nutsar da saura a hankali kana juyawa. Cikin ƴan daƙiƙu an gama. Idan ka fara da sama, rigar haurawa take yi ta bar gindi. Bindigar iska mai zafi ma tana yi, sai dai zafinta ba ya game jiki lokaci ɗaya, takan bar tabo da yamutsa. Da abin da za a yi aikin gaske da shi ake gwaji: wanda zai yi da injin tururi ya gwada a injin, wanda zai yi da tukunya ya gwada da tukunya, don sakamakonsu ba ɗaya ba ne.

Bayan ta huce, aza gorar kusa da allo. Layi na 14 a ina ya sauka a nan, a ina ya sauka a can? Auna faɗin gida ɗaya a ƙugu da kafaɗa. A ƙugun gorarmu ya kamata ka sami wajen 8.3, a tsakiyar kafaɗa 6.8. Duba bakin sama, ya kwanta ko ya buɗe. Duba ko layukan kwance sun lanƙwashe, abin da ya fi faruwa a gora mai faɗin gaba. Yi da goruna biyar aƙalla. Inda allo da gora suka saɓa, gora ce mai gaskiya, sai ka gyara lambobin littafi ka sake miƙe tambarin da su.

Miƙa aiki, da zafin gari

Aika PDF mai shimfiɗa daban-daban: zane, fari, layukan jagora. Launi CMYK, hotuna 300 dpi, zane ya ɗan wuce layin yanka sama da ƙasa gwargwadon yadda mai bugawa ya ce. Inkscape da RGB yake aiki, don haka ko ka bi ta manhajar Scribus, wadda take fitar da CMYK, ko ka gaya masa a sarari shi zai juya launin, ya aiko maka ka gani. Kada ka juya zanen baibai da kanka, aikinsa ne, in kun yi ku biyu rubutu zai fito a juye. Haɗa da hotunan Blender na gaba da baya da gefe, da wasu goruna na gaske a kwali. Idan rigar za ta hau marfi ta zama hatimi, nuna inda za a yi layin huji na yagewa. Hujin da ya sauka har ƙasa ma yana da amfani wajen cire rigar, domin masu sake narka roba ba sa son leda a jikin gorar PET, musamman PVC.

Ledar nan ba ta jiran tukunya kafin ta fara tsukewa. Masu yin ta suna cewa a ajiye ta ƙasa da digiri 25 zuwa 30, mu kuwa a watan Afrilu da Mayu muna wuce 40 a inuwa, balle cikin motar da ta taso daga Kano ta bi Katsina da Jibiya ta tsaya a rana a Ɗan Issa ana jiran takardu. Rigar da ta rasa milimita biyu daga 104 ɗin nan a hanya ba za ta shiga gora ba. Gaya wa mai bugawa yanayin da kayan za su bi, ku duba ko za a ƙara sararin kaɗan. In an ƙara, 208 ɗin nan ya canza, sai a sake lissafin miƙewa daga farko. Idan da hali a sa odar ta iso da sanyin Disamba ko Janairu. A ajiye kwalayen a ɗakin ƙasa ko mai silin, a kan katako, nesa da bango mai shan rana, ba a shagon kwano ba.

Ranar da kaya suka sauka, buɗe kwali na sama da na tsakiya da na ƙasa, ka kwantar da riga daga kowanne a kan rula ka ga ko 104 ɗin yana nan. Ja haɗin da hannu biyu ka ji ko zai buɗe. Sa wa goruna goma, ka haska bakod ɗin kowace da waya, ka ɗauki hoton duk abin da bai yi ba tare da rula a gefensa, ka aika wa mai bugawa a ranar, kafin a biya cikon kuɗi.